Pedro Costa: daraktan da ya sallami motocin kaya

Masu shirya fim sun saba kukan rashin kayan aiki. Pedro Costa, ɗan Fotugal, shi kayan ne suka yi masa yawa, kuma a ganina ajiye su da ya yi ita ce shawarar da ta fi kowace nauyi a aikinsa.

A 1994 ya fitar da fim ɗin Casa de Lava, wanda ya ɗauka a tsibirin Fogo na Cape Verde. Da zai koma gida, mutanen tsibirin suka ba shi saƙon wasiƙu da tsaraba ya kai wa 'yan uwansu a Lisbon. Saƙon ne ya kai shi Fontainhas, unguwar talakawa a bakin birnin, inda 'yan ci-ranin Cape Verde suke zaune. A nan ya yi Ossos a 1997 yadda aka saba: motoci, tarin ma'aikata, manyan fitilu. Fitilun nan suna haska lungu cikin dare, suna hana barci ga mutanen da za su yi sammako su tafi aikin gini ko shara. Ana ba da labarin wahalar talaka, ana kuma ƙara masa wata.

Sai ya dawo kusan shi kaɗai, da ƙaramar kyamarar bidiyo, shi ne darakta, shi ne mai ɗaukar hoto. Ya daɗe yana zaune a ɗakin Vanda Duarte, wadda ta fito a Ossos, tana hira da 'yar uwarta, tana tari, tana shan ƙwaya, a waje kuma katafila na rushe unguwar. Fim ɗin No Quarto da Vanda ke nan, na 2000, kusan awa 3.

Akwai masu cewa yana ƙawata talauci don 'yan kallon Turai, kuma finafinansa na tafiyar hawainiya. Na biyun gaskiya ne. Ba kowa zai iya zaman ba. Na farkon ne ban yarda da shi ba. Mai cin kasuwar talaka ɗauka yake ya wuce. Costa ya bi mutanen nan har sababbin gidajen da aka mayar da su, ya yi Juventude em Marcha tare da Ventura, tsohon leburan gini, fim ɗin ya shiga gasar bikin finafinai na Cannes a 2006.

Daga baya Leonardo Simões ya riƙa riƙe masa kyamara, amma ayarin bai sake kumbura ba. Da shi aka yi Vitalina Varela, labarin wata 'yar Cape Verde da ta shekara fiye da 20 tana jiran mijinta ya aiko mata tikitin jirgi, ta iso Lisbon kwana 3 bayan an binne shi. Ita da kanta ta fito a matsayin kanta. A bikin finafinai na Locarno a 2019 fim ɗin ya ci babbar kyauta, ita kuma ta karɓi ta gwarzuwar 'yar wasa.