Dubu sittin a wata, amma duka nawa ke nan?

Daren Juma'ar da ta wuce, bayan sallar isha'i, ƙanena ya iske ni ƙofar gida nan Badariya da takarda a hannu, fuska sai walƙiya take yi kamar wanda aka yi wa albishir da kujerar Makka. Ko zama bai gama yi ba ya ce, "Yaya, Allah ya yanke mini wahalar haya. Bashin gida za a ba ni, miliyan 10, dubu 60 kacal za a riƙa cirewa a albashi."

Na ce madalla, har tsawon shekara nawa? Ya ce 30. Na ce to, duka nawa ke nan za ka biya? Ya dubi takardar, ya juya bayanta, ya dube ni. Mutumin da ya yi digiri, yake aikin gwamnatin tarayya, ya kusa sa hannu a kan abin da zai bi shi har ranar ritayarsa, amma bai taɓa ninka kuɗin wata sau yawan watanni ba. Ban ga laifinsa ba sosai. Wanda ya yi masa bayani kuɗin wata kawai ya faɗa masa, shi kuma kuɗin wata kawai ya tambaya. Haka kusan dukanmu muke.

Na yi shekara sama da 20 ina koyar da lissafi a sakandare, don haka na sa yaro ya ɗauko mini biro, muka yi abin a bayan takardar tasa. Ga shi nan na kawo muku yadda muka yi, domin na san ba shi kaɗai ba ne a Birnin Kebbi, ko Argungu, ko Jega, da ke riƙe da irin wannan takarda yanzu haka.

Bashin da yake magana na Asusun Gidaje na Ƙasa ne, wato NHF, wanda aka kafa da doka a 1992, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya ke kula da shi. Shi ne wannan kashi 2.5 cikin ɗari da ma'aikata suke gani an cire musu a takardar albashi, wasu har su yi ritaya ba su san na mene ne ba. Ruwan bashinsa kashi 6 ne cikin ɗari a shekara, kuma ana iya jan biyan har shekara 30. A ƙasar nan babu bashin gida mai sauƙin wannan da na sani, kuma ba don in ɓata shi na zauna rubutu ba.

Miliyan 10 a kan ruwa kashi 6 na shekara 30, abin da za ka riƙa biya a wata naira 59,955 ne. Watannin shekara 30 su ne 360. In ka ninka, za ka sami naira miliyan 21 da kusan dubu 584. Ka karɓi 10, ka mayar da 21 da rabi. Ruwan kaɗai ya fi uwar kuɗin yawa. Gida biyu ka biya, ɗaya ka shiga.

Nan ƙanen nawa ya ce, "A'a Yaya, ba kashi 6 aka ce ba? Kashi 6 na miliyan 10 ai dubu 600 ne." Wannan ita ce rijiyar da mutane da yawa suke faɗawa. Kashi 6 ɗin na kowace shekara ne, kuma a kan duk abin da ya rage ana bin ka ake lissafa shi, shekara bayan shekara, har ka gama.

Amma abin da ya fi ɗaure masa kai, kuma shi ne ainihin abin da ya sa na yi wannan rubutu, shi ne yadda ake raba dubu 60 ɗin. A watan farko, naira 50,000 cif ruwa ne. Naira 9,955 ce kawai take taɓa bashin. Wata na biyu bashin ya ragu da ɗan wannan abin, sai ruwan ya sauka da kamar naira hamsin, abin da ke zuwa ga uwar kuɗi ya ƙaru da naira hamsin ɗin. Haka abin yake rarrafe. Kamar mai yashe rijiya da cokali ne, yana kwashewa ruwa na ɓuɓɓugowa.

Bayan shekara 10 kana biya ba fashi, ka fitar da naira miliyan 7 da kusan dubu 200 daga guminka. In ka je ka ce a duba maka nawa ya rage, za a ce maka miliyan 8 da dubu 370. Ka biya sama da miliyan 7, bashin ya ragu da miliyan 1 da dubu 600 da 'yan kai. A shekara ta 15, rabin tafiya, har yanzu ana bin ka miliyan 7 da dubu 100. Sai ka kai shekara ta 21 kafin rabin uwar kuɗin ya fita. Ba zamba aka yi maka ba, ba a kuma ɓoye komai ba, haka lissafin yake a Abuja, haka yake a Amurka. Sai dai in ba ka nemi a nuna maka jadawalin biyan wata-wata ba, babu mai tsayawa ya karanta maka shi.

Me ya sa wannan ya dame ni? Domin rayuwa ba ta tafiya a layi ɗaya shekara 30. Ana canza wa mutum wurin aiki, ana sallamar mutum, ciwo na zuwa, mutuwa na zuwa. Duk wanda wani abu ya same shi a shekara ta takwas ko ta goma, yana zaton ya ci ƙarfin bashin, alhali ko fatarsa bai gama feɗewa ba. Mu kuma Musulmi mun san ba a raba gado sai an biya bashi. Ka mutu ka bar mace da 'ya'ya biyar a gidan da takardarsa ke jingine a banki, da miliyan 8 a kai, wa zai biya? Shi ya sa ake haɗa irin wannan bashi da inshorar rai da ta gobara. Ita ma kuɗi ce, ba ta cikin dubu 60 ɗin sai in an rubuta maka haka, kuma wajibi ne ka tambaya: in na mutu, me za ta biya, me ba za ta biya ba, kuma akwai ta takaful, wato inshora ta tsarin Musulunci?

Sauran kuɗaɗen gefe ba zan daɗe a kansu ba, duk wanda ya taɓa bin takardar fili ya san su. Kason da za ka fara ajiyewa daga aljihunka, kuɗin mai kimanta gida, kuɗin lauya, rajistar jingina, da amincewar gwamna, tunda Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta sa ba a jinginar da fili mai takardar mallaka sai da yardarsa. Sannan ka shiga ka tarar sai ka ja katanga, ka haƙa rijiya ko ka shiga layin mai burtsatse, ka gyara rufi kafin iskar farkon damina ta yaye shi. Gidan haya mai gida ke wannan ciwon kai. Gidanka, kai ne mai gidan.

To, bari in faɗi ɗaya gefen, kada a ce malamin lissafi ya zo tsoratar da jama'a. Dubu 60 ta yau ba ita ce dubu 60 ta shekara 20 masu zuwa ba. A 2019 mafi ƙarancin albashi naira 30,000 ne, a 2024 ya koma 70,000, nan Kebbi ma aka sa hannu a kan 75,000. Buhun siminti da muke saye ƙasa da naira 3,000 a 2019, a farkon 2024 ya haura 10,000. A ƙarshen 2024 hauhawar farashi ta wuce kashi 34 cikin ɗari. Wanda ya ɗaure bashinsa a kan kashi 6 da ba ya motsi, alhali komai na kasuwa yana tashi fiye da haka, darajar abin da yake biya narkewa take yi kowace shekara, gidan kuma yana ƙara tsada. Mai haya kuwa duk shekara biyu sai mai gida ya aiko dillali da sabon farashi. Wannan gaskiya ce, kuma duk wanda ya ce maka miliyan 21 ɗin nan duka asara ce bai yi maka adalci ba. Sharaɗin dai shi ne albashinka ya riƙa tashi, kuma a riƙa biyan sa a kan lokaci. Wanda ya taɓa yin wata uku yana duba waya ko sanarwar albashi ta shigo ya san wannan sharaɗi ba ƙarami ba ne.

Inda ba na sassauta murya shi ne bashin bankunan kasuwa. Tunda Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 a ƙarshen 2024, ba wanda zai ba ka kuɗinsa a kan kashi 6. A ce kashi 25 aka yanka maka, shekara 10. Miliyan 10 ɗin nan dai, za ka riƙa biyan kusan naira 227,500 a wata, ka gama a kan miliyan 27 da dubu 300. Kuma sau da yawa akwai layi a takardar da ya ba banki damar ƙara ruwan in kasuwa ta canza. Ma'aikacin da ya shiga wannan da albashi kaɗai, ni dai ban ga inda zai fita ba. Da muguwar rawa gara ƙin tashi.

Na san tun daga sakin layi na farko wasu suna jiran su rubuta mini cewa duk wannan kuɗin ruwa ne, kuma Allah ya halatta ciniki ya haramta riba. Gaskiyarku, kuma shi kansa ƙanen nawa na ce masa kafin ya je banki ya fara zuwa wurin malamin da ya yarda da iliminsa da tsoron Allahnsa. Ni ba mai fatawa ba ne. Yanzu akwai bankunan da ba sa hulɗa da ruwa, Jaiz tun 2012, TAJ tun 2019, da wasu bayansu. A irin tsarinsu banki ne ke sayen gidan ya sayar maka da ƙarin riba sananniya, ko ku haɗa hannu ku mallake shi kana biyan haya kana sayen kasonsa kaɗan-kaɗan. Wannan ya warware matsalar addini ga wanda ya gamsu, amma bai ɗauke maka aikin biro ba. Halal ba ta nufin araha. Nan ma ka tambaya: jimilla nawa? In na so in gama biya da wuri, za a rage mini wani abu? In na makara wata biyu, me zai faru? Ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani a kan rubuta bashi take, da wa'adinsa da shaidunsa. Abin kunya ne a ce mu ne kuma muke sa hannu a takardar bashi ba mu karanta ba.

Wani dattijo maƙwabcinmu da ke zaune yana jin mu ya sa baki, ya ce, "Ku yaran zamanin ga kun cika gaggawa. Ni gidan ga nawa shekara tara ina gina shi, ba wanda ya biyo ni ko sisi." Haka ne. Iyayenmu da yawa haka suka yi. A sayi fili a bayan gari, bana a buga bulo da kuɗin shinkafar rani, baɗi a ɗauki adashe a kai ginin linta, wata shekara a sayar da sa a yi rufi, a shiga ɗaki biyu ko ba filasta. Ina girmama wannan hanya, kuma ita na bi. Amma ita ma tana da nata ruwan, ba a dai rubuta shi a takarda: hayar da kake biya duk tsawon shekarun ginin, da kwanon rufin da ka ƙi saye bana ya ninka baɗi. Ku zaga bayan gari ta hanyar Kalgo ko ta Ambursa ku ƙirga kangayen da suka tsaya a linta, ciyawa ta cinye su. Kowane ɗaya lissafin wani ne da ya ƙi fita.

Abin da na nuna wa ƙanen nawa a ƙarshe shi ne abin da ke hannunsa. In ya zaɓi shekara 20 maimakon 30, kuɗin wata zai koma 71,643, jimilla miliyan 17 da kusan dubu 200. In 15 ne, 84,386 a wata, jimilla miliyan 15 da dubu 190. Ƙarin dubu 24 da ɗari huɗu a wata ya cece shi daga sama da miliyan 6. In kuma ya tsaya a 30 ɗin don ya sami sararin numfashi, amma ya riƙa ɗora dubu 10 a kai kowane wata, zai gama a shekara 21, ya tsira da wajen miliyan 4. Sai dai wannan sai ya tabbatar a rubuce cewa ana karɓar ƙarin biya ba tara, kuma a kan uwar kuɗi ake ɗora shi. Akwai kuma ƙa'idar cewa abin da ake cirewa kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da kake samu, wato mai biyan dubu 60 sai yana ɗaukar wajen dubu 180. Ni a ganina ko wannan ma ya yi yawa ga mai ciyar da gida biyu, nasa da na tsofaffi, kamar yadda yawancinmu muke.

Shekara 30 ɗin ma ba kowa ke samu ba. Shi shekararsa 30 da haihuwa, shi ya sa aka lissafa masa har zuwa 60. Kai mai shekara 45 da kake karanta wannan kana murmushi, naka 15 ne, wato layin dubu 84 ne naka.

Ya naɗe takardar ya sa aljihu, walƙiyar fuskar nan ta ɗan ragu. Ya ce ranar Litinin zai koma ya ce a buga masa jadawalin duka watanni 360, ya kawo mu duba tare, kuma zai je wurin malam kafin nan. Da zai hau babur ya juyo ya ce, "Yaya, amma kada ka gaya wa maiɗakina maganar miliyan 21 ɗin nan tukuna, ta riga ta zaɓi labule."