Wanda ya tura bidiyon shi ne mai laifi

Kun ga abin da ake yi wa wata ɗalibar jami'a a Indonesiya tun da wani ya saki bidiyonta na sirri a intanet. Kafin gari ya waye an tono sunanta, tsangayarta, har hoton gidan iyayenta. A ƙarƙashin kowane saƙo maza na rubuta "bagi link", wato a turo mana, sannan su dawo suna kiranta "ayam kampus", kazar jami'a, wato ɗaliba mai karuwanci. Shi kuwa wanda ya saki bidiyon, ko sunansa ba a tambaya ba.

Wanda ya tura shi ne mai laifi. Kada a ce min ai ita ta yarda aka ɗauka; yarda da ɗauka daban, yarda da yaɗawa daban. Dokar Indonesiya kan laifukan cin zarafi ta hanyar jima'i, TPKS, mai lamba 12 ta 2022, sashe na 14, ta tanadi ɗaurin da zai kai shekara 4 ko tarar rupiah miliyan 200 kan cin zarafi ta intanet. Amma abin da ya fi damun wasu jami'o'i shi ne "nama baik kampus", mutuncin makaranta, sai a kira yarinya a ce ta yi shiru.

Tsoronta kuma yana da tushe. Baiq Nuril, ma'aikaciyar makaranta a birnin Mataram na Indonesiya, ta naɗi maganganun batsa da shugaban makarantar ke yi mata ta waya, wani ya yaɗa, amma ita Kotun Ƙoli ta yanke wa wata 6 da tarar rupiah miliyan 500 a 2018, ƙarƙashin dokar ITE, wato dokar bayanai da mu'amala ta intanet. Sai da shugaban ƙasar na lokacin, Jokowi, ya yi mata afuwa a 2019.

Don haka wadda abin ya faɗa wa kada ta goge hirarsu, kada ta rufe shafinta cikin firgici, nan hujja take. Ta ɗauki hoton allo da ke nuna sunan shafin, adireshinsa da kwanan wata. Kada ta tura wa ƙawaye bidiyon a matsayin shaida, doka na iya juyowa kanta. Ta fara neman lauya a LBH APIK, ƙungiyar da ke taimaka wa mata a harkar shari'a, kafin ta je wurin 'yan sanda, ta kai ƙara kwamitin yaƙi da cin zarafi na jami'arta, wanda dokar ma'aikatar ilimi ta 2021 ta wajabta kafawa.

Su kuma shafukan "kampus cantik" na Instagram, wato na kyawawan 'yan matan jami'a, da ke jera hotunan ɗalibai mata haɗe da suna da tsangaya, wa ya taɓa tambayarsu ina suka samo izini? Daga can masu tonon asiri ke fara bincike.