Soyayyar bara da 'yar ubangidansa a fim marar magana

Na sake kallon Male and Female, fim ɗin da Cecil B. DeMille ya fitar a Amurka a 1919, tun kafin a fara jin muryar 'yan wasa a majigi, kuma a ganina ya fi yawancin labaran soyayyar talaka da mai hali faɗin gaskiya.

Crichton shi ne shugaban barori a gidan wani basarake a Landan, Lady Mary kuwa, wadda Gloria Swanson ta fito a matsayinta, 'yar maigidan ce. Da yake babu magana sai ɗan rubutun da ake haskawa jefi-jefi, ido ne ke tantance matsayin kowa. Ana nuna ta za ta yi wanka, 'yan aiki suna ta kai da kawo a kanta, shi kuwa aikinsa ya tsaya ƙyam ya jira umarni.

Sai jirgin ruwan da suka fita shaƙatawa da shi ya tarwatse, suka tsinci kansu a tsibirin da babu kowa. A can sarauta ba ta hura wuta, ba ta kuma kawo abinci, saboda haka ragama ta koma hannun wanda ya iya aiki, wato Crichton. Sannu a hankali wadda ta raina shi ta kamu da sonsa, har ana shirin ɗaura musu aure sai ga jirgin ceto ya ɓullo. Suna komawa Ingila kowa ya koma mazauninsa, kamar ba a yi ba.

Wasu za su ce wannan ƙarshe zalunci ne ga mai kallo. Ni kuwa ina ganin a nan ƙarfin labarin yake, domin mutanen biyu ba su canja ba, idon jama'a ne ya dawo kansu. Ko Charlie Chaplin a fim ɗinsa The Tramp na 1915 bai bai wa talakansa 'yar manomin da ya kamu da sonta ba; da saurayinta ya iso, sai talakan ya bar 'yar wasiƙa ya kama hanya shi kaɗai.

Abin da ban yafe wa DeMille ba shi ne yadda ya lallashi masu kallo daga baya: ya aurar wa Crichton Tweeny, 'yar aikin gidan da ta daɗe tana sonsa, ya tura su Amurka su yi noma, sai ka ce can ba a tambayar asalin mutum kafin a ba shi mata.