Wai Mallika Sarabhai ƴar rawa ce kawai?

Tun jiya raina a ɓace yake. Na ɗora guntun bidiyon rawar Mallika Sarabhai, ƴar ƙasar Indiya, wani bawan Allah ya shigo ya rubuta wai "ai ƴar rawa ce, me za a koya a wurinta?" Kun ga maganar, kun kuma ga yawan waɗanda suka goya masa baya. Wallahi wannan rashin adalci ne.

Matar nan ta yi digiri na biyu a fannin gudanarwa a cibiyar IIM ta Ahmedabad, sannan ta samu digirin digirgir a Jami'ar Gujarat a 1976, tana da shekara 22. Rawar da aka raina ɗin ma karatu ce mai zaman kanta. A Bharatanatyam da Kuchipudi, raye-rayen gargajiya na Indiya, mutum kan shafe shekaru yana koyon taka ƙafa ɗaure da ƙararrawa a idon sawu. Kowace lanƙwasar yatsa tana da ma'anarta, ko juya ƙwayar ido magana ce. Makarantar rawa da wasan kwaikwayo ta Darpana da iyayenta suka kafa a 1949, ita ta riƙe ta shekara da shekaru. Da Peter Brook, shahararren mai shirya wasan kwaikwayo, ya shirya wasan Mahabharata, tsohon labarin Hindu, mai awa 9 a Faransa a 1985, ita ya ba wa matsayin Draupadi, jarumar labarin. Ƴar rawa kawai?

Abin da ya fi ƙona min rai shi ne batun 2002. Lokacin da aka yi kisan jihar Gujarat, aka hallaka mutum fiye da 1,000, yawancinsu Musulmi, manya da yawa a jihar sun ja bakinsu sun tsuke. Ita kuwa, ba Musulma ba, ta tafi Kotun Ƙoli tana zargin gwamnatin jihar da hannu a ciki. A 2003 aka maka mata tuhumar safarar mutane zuwa waje, daga baya aka janye. Ta sha wuya saboda ƴan'uwanmu, mu kuma yau muna kiranta ƴar rawa kawai.

Na san za a ce min al'adarmu daban, addininmu daban. Malam, ban ce ka yi rawa ba, ban ce ka tura ƴarka ba. Cewa na yi ka san mutum kafin ka yanke masa hukunci. A 2009 ta tsaya takarar majalisar ƙasa a mazaɓar Gandhinagar ba tare da jam'iyya ba, ta kara da L.K. Advani, jigon jam'iyyar BJP, ta faɗi, amma ta tsaya.

Gidan nasu ma abin a zauna a yi nazari ne. Mahaifinta Vikram Sarabhai shi ya aza harsashin binciken sararin samaniya na Indiya. Yayar mahaifiyarta, Lakshmi Sahgal, likita ce da ta jagoranci rundunar mata a sojojin Subhas Chandra Bose, ɗan gwagwarmayar neman ƴancin Indiya. Labarin Lakshmi nake son in kawo muku a mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.