Golan Chelsea na farko a teburin mai shayi

(Da daddare ne, an tashi daga gidan kallo. Baba Ticha na kan benci da 'yar rediyonsa, Alhaji Tumbi yana kan biredi na biyu, sai ga Ɗan Chelsea ya shigo fuska a murtuke.)

Ɗan Chelsea: Mai shayi soya min ƙwai uku da taliya, kuma dan Allah kar wanda ya min maganar ƙwallo yau, wannan golan namu ai gara a jingine tabarma a raga.

Alhaji Tumbi: To ku ɗauke ni mana.

Ɗan Chelsea: Haba Alhaji, da wannan tumbin? Kai da sai an kama ka kake tashi daga benci.

Baba Ticha: Yaro kai fa kana sa rigar Chelsea ne kawai amma baka san gidanku ba. Golanku na farko a 1905, shekarar da aka kafa kulob ɗin, William Foulke sunansa, kuma shi ne kyaftin. Tsayi ƙafa 6 da ɗoriya, nauyi kuwa ana cewa ya kai kilo 140 ko ma ya wuce, Fatty suke kiransa. Alhaji a gabansa ɗan yaye ne.

Alhaji Tumbi: Allahu akbar! Mai shayi ƙaro madara.

Ɗan Chelsea: Baba wannan ai tatsuniya ce.

Baba Ticha: Tatsuniyar gidanku. Mutumin a ramin haƙar kwal yake aiki a Blackwell, yana buga ma 'yan wajen aikin nasu ƙwallo, Sheffield United suka gan shi suka ɗauke a 1894. Da shi suka ci lig a 1898, suka ci kofin FA a 1899 da suka lallasa Derby County 4-1, suka sake ɗauka a 1902. Har Ingila ya tsare wa raga sau ɗaya a 1897, da Wales, kuma ba a zura masa ko ɗaya ba.

Mai shayi: To wai ya ake yi yana faɗuwa ya kama ƙwallo? Ai kafin ya tashi an je hutun rabin lokaci.

Baba Ticha: Da ƙibar tasa zafin nama gare shi, kuma lokacin doka ta yarda ɗan gaba ya bangaji gola ya tura shi cikin raga shi da ƙwallon gaba ɗaya a ce an ci, to kai faɗa min wane mai ƙarar kwana ne zai je ya bangaji buhun shinkafa uku a tsaye?

Alhaji Tumbi: Ka ji ko? Tumbi kayan aiki ne.

Ɗan Chelsea: Nawa muka saye shi?

Baba Ticha: Fam 50.

Ɗan Chelsea: Miliyan 50 dai.

Baba Ticha: Fam hamsin na ce maka, hamsin ɗin da ka sani. Lokacin ma an kayyade albashin ɗan wasa kar ya wuce fam 4 a sati, ba irin na yanzu masu karɓar kuɗin gina unguwa su zo su bari ƙwallo ta bi ta tsakanin ƙafafunsu ba.

Ɗan Chelsea: Baba na ce kar a taɓo maganar yau.

Baba Ticha: Sannan akwai labarin wasan ƙarshe na kofin FA na 1902 da Southampton, lokacin yana Sheffield United, aka farke musu ana dab da tashi, shi kuma ya rantse satar gida ce. Wai daga wajen wanka ya fito tik haihuwar uwarsa yana neman rafali, rafali ya ruga ya shige ɗakin ajiye tsintsiya ya ja ƙofa, sai da manyan hukumar ƙwallo suka taru suna ba shi haƙuri kar ya ɓalle ƙofar.

Mai shayi: Innalillahi! Ni ne rafalin nan wallahi daga cikin ɗakin zan busa in ce ba a ci ba.

Baba Ticha: Ai an sake wasan, suka ci 2-1. Su kuma Chelsea da suka samu shi sai suka riƙa tsayar da yara ƙanana biyu a bayan ragarsa don ya ƙara girma a idon mai buga fenariti, yaran kuma su riƙa ɗauko ƙwallo in ta fita.

Alhaji Tumbi: Baba maganar abinci fa? Mutum irin wannan ai ba a rasa shi da tarihi a nan.

Baba Ticha: Ana cewa wata rana a otal ya riga kowa saukowa da safe, kafin sauran 'yan wasa su fito ya share karin kumallon tawagar gaba ɗaya. Kaka ɗaya dai ya yi a Chelsea ya wuce Bradford City, ya rasu a 1916 yana da shekara 42.

Ɗan Chelsea: Allah sarki... kai tsaya, mai shayi ina taliyata?

Mai shayi: Tun ɗazu na ajiye maka a gabanka.

Alhaji Tumbi: (yana lasar cokali) Na riga ka saukowa ne ɗan nan.

Mai shayi: To Alhaji biredi biyu, shayi uku, ga taliya da ƙwai, ga bashin jiya. Shi wancan kulob ke biya masa, kai wa zai biya?

Alhaji Tumbi: (ya nuna Ɗan Chelsea) Chelsea mana.