Kujerar gaba ba ta kai mutum sama

'Yan'uwa cikin Almasihu, mu da neman abinci ya kawo Legas, salama a gare ku.

Garin nan yana da mudunsa na awon mutane. Ina kake aiki? A ina kake zaune? Wanda ya ce Ikoyi ko Lekki gaisuwarsa daban, wanda ya ce Agege ko Mile 12 tasa daban. Da abin ya tsaya a ofis da kasuwa, da da sauƙi. Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne mudun ya biyo mu har cikin majami'a. Ranar godiya a yi ta jera wa mai muƙami kirari ana kai shi kujerar gaba, Baba maigadi kuwa, da ya riga kowa zuwa addu'ar asuba, yana tsaye a baya babu mai ce masa sannu.

Yakubu sura 2 ta riga ta ba da labarin nan: mai zoben zinariya aka ce ya zauna a wuri mai kyau, talaka aka ce ya tsaya can ko ya zauna a ƙasa. Aya ta 9 ba ta ɓoye ba, ta ce wannan nuna bambanci zunubi ne.

Idan taƙama ce, wa ya kai Bulus? Haifaffen Tarsus, ɗan kabilar Biliyaminu, Bafarisiye, almajirin Gamaliyel, ga 'yancin zama Barome tun daga haihuwa, abin da wani shugaban soja sai da kuɗi mai yawa ya samu. A Filibiyawa 3 ya lissafta asalinsa da himmarsa, ya ce duk hasara ce in an gwada da sanin Almasihu Yesu. Kuma yana ɗaure ya rubuta haka, ba a gidan bene ba.

Ku tuna samari uku da suka sauka a garin nan a Disambar 1893 da nufin kai bishara Arewa. Walter Gowans ya mutu a Girku, Thomas Kent a Bida, dukansu a 1894. Rowland Bingham ya koma gida bayan zazzaɓi ya galabaitar da shi. A idon duniya sun yi asarar ƙuruciyarsu. Amma daga aikin nan ƙungiyar mishan ta SIM (Sudan Interior Mission) ta tsiro, daga ita ikilisiyar ECWA, inda da yawanmu muka fara jin sunan Yesu da Hausa.

Kada a ce na hana neman na kai. Yi karatu, nemi ƙarin girma, gina gida a ƙauye. Lidiya ma 'yar kasuwa ce, kuma a gidanta masu bi suka taru a Filibi. Sai dai, ɗan'uwa, ranar da oga ya miƙo takardar ƙarya ya ce ka sa hannu, me za ka saki? 'Yar'uwa, in ƙarin girman sai da abin da ba za ki iya faɗa a Zumuntar Mata ba fa? Mai rumbunan nan na Luka 12, ba noman da ya yi ne laifinsa ba. Ya tara wa kansa, bai da komai a wurin Allah, a daren kuma aka karɓi ransa.

Dattawa da masu raba wurin zama, ina roƙonku: Lahadi mai zuwa, wanda ya riga zuwa ya zauna a gaba, ko da ƙafa ya zo.