Manuel Esperón da sana'ar tsara waƙa don muryar wani

Akwai masu ganin cewa makaɗin da ke yi wa fina-finai aiki ɗan kwangila ne kawai, wanda bai kai matsayin mai tsara kiɗa don kansa ba. Ni ban yarda da wannan ra'ayi ba, kuma babbar hujjata ita ce rayuwar Manuel Esperón na ƙasar Meziko, wanda aka haifa a babban birnin ƙasar a 1911, ya rasu a garin Cuernavaca a 2011, saura 'yan watanni ya cika shekara 100.

Esperón ya fara ne da kaɗa fiyano a gidajen silima tun zamanin da fim ba ya magana, yana kallon allo yana bin motsin 'yan wasa da yatsunsa. A ganina, a nan ya koyi abin da makaranta ba ta koyarwa, wato sanin inda kiɗa zai shiga da inda ya kamata ya ja baya ya bar labari ya tafi. Da sauti ya shigo, sai ya samu aikinsa na farko a fim ɗin La mujer del puerto a farkon shekarun 1930, daga nan kuwa ya yi wa ɗaruruwan fina-finai kiɗa.

Inda gwanintarsa ta fi fitowa shi ne yadda ya bi da manyan taurari biyu masu murya mabambanta. Jorge Negrete ya koyi waƙa irin ta opera, wato wasan kwaikwayon da ake yi da waƙa a kan dandamali, muryarsa na da kauri da ƙarfi, don haka a 1941 Esperón ya tsara masa ¡Ay, Jalisco, no te rajes!, waƙar taƙama da kirarin gida, wadda Ernesto Cortázar ya rubuta baitocinta, kuma har kamfanin Disney ya ɗauki karinta ya saka a fim ɗinsa The Three Caballeros. Pedro Infante kuwa muryarsa mai taushi ce, kamar yana yi wa mutum magana a kusa. Shi aka ba Amorcito corazón a fim ɗin Nosotros los pobres na Ismael Rodríguez, wanda ya fito a 1948, inda Infante ya fito a matsayin kafinta talaka yana rera wa masoyiyarsa waƙa ana amsawa da fito. Da an musanya waƙoƙin nan biyu tsakanin mutanen nan, da an ɓata su duka. Kamar tela ne da ke auna jiki kafin ya sa almakashi.

To amma ga inda abin yake da ciwo. Negrete ya rasu a 1953, Infante ya bi shi a 1957 sakamakon haɗarin jirgin sama a garin Mérida na Meziko, kuma har yau idan aka rera waƙoƙin, sunayensu ake kira. Esperón ya rayu fiye da shekara 50 bayansu, yana jin ana danganta karin da ya tsara da fuskokin da suka rera shi. Masu kallon fina-finan Hausa ma sun san wannan hali, domin sau da yawa ɗan wasan da ya motsa baki a allo ake yi wa kirari, a manta da wanda ya zauna a situdiyo.

Na sani wasu za su ce ai an biya shi haƙƙinsa, kuma ƙasarsa ta karrama shi tun yana raye. Haka ne, amma kuɗin kwangila da lambar yabo ba su sa mai sauraro ya san cewa haɗa makaɗan gargajiya da ake kira mariachi da babbar ƙungiyar makaɗa, wanda mutane ke ɗauka sautin Meziko ne tun fil'azal, aiki ne da Esperón da tsararrakinsa suka zauna suka tsara a kan takarda.